Yagana Mai Latsa Ƙafar Masu Jego

Yagana, kakar kakata, ta cika shisshigi, kuma ba ta taɓa ɓoyewa ba. In ta shiga gidanka sai ta buɗe tukunya kafin ta amsa gaisuwa. Iyayenta fataken kanwa ne daga Barno, suka zauna a wani ƙauye kusa da Ɗambatta, shekaru da yawa kafin zuwan Turawa.

A wata damina mata huɗu suka mutu a cikin jego. Duk iri ɗaya: ƙafa ta kumbura, numfashi ya gagara, kafin arba'in an kai su. Mutane suka ce iska ce. Yagana ba ta yarda ba, ga kuma 'yarta Falta da tsohon ciki.

Sai ta shiga bin gidajen barka, har na ƙauyukan da ba ta san kowa ba. Kowa na kallon jariri, ita tana latsa ƙafar uwa da ɗan yatsa, ta ɗanɗani kunun kanwar da ake ba ta, ta tambayi me aka zuba. Duk inda yatsanta ya lotsa, amsa ɗaya ce: garin maganin Muntaka, wanda aka ce yana kawo ruwan nono.

Muntaka ƙanin mijinta ne. Ta same shi a kasuwa yana auna garin da ludayi.

"Me ka haɗa a ciki?"

"Yaya, sirrin sana'a ne."

"Sirrin ya binne huɗu. Jar kanwa ce zalla, harshena ya gaya min. Ka sa 'yar saiwa don launi."

"Matan ne ke so da ƙarfi. In bai yi zafi ba, cewa suke na cuce su."

Ba ƙarya ya yi ba. A wurinmu kunun da bai ɗaure harshe ba rowa ce, kuma uwar da ke son 'yarta ita ta fi zubawa.

Yagana ta kai magana gaban dagaci. Ya ce mutuwa ta Allah ce. Ta ce, "Ranka ya daɗe, rijiyar gidanka ma ta Allah ce, na ga ka sa mata murfi." Aka yi dariya, aka kore ta. Ba a hana Muntaka komai ba, dangin miji kuma suka daina gaishe ta.

Da Falta ta haihu ta zo wanka gida, surukarta Hure ta aiko da garin cikin ƙoƙo. Yagana ta juye shi a bayan rumbu a gaban 'yar aiken, ta dama kunu mai 'yar kanwa kaɗan. Aka ce ta yi wa 'yarta rowa. Falta ta yi arba'in da ƙafarta, ta haifi shida bayan nan. Kakata ce autarsu.

Da tsufa ya hana Yagana fita, duk matar da ta zo duba ta abu ɗaya take roƙonta: "In kin je barka, bar jariri tukuna, yana da masu kallo. Ki latsa min ƙafar uwar, ki tambayi me ta sha."