Ni Na Matsa Masa Ya Tuƙa Mota Da Ɗori A Ƙafa

A lokacin da abin nan ya faru ina zaune da maigidana da 'ya'yanmu a cikin garin Rano, ina ɗan ɗinkin keke a gida. Asalina 'yar Fassi ce ta ƙasar Kibiya. Mahaifiyarmu ta rasu tun ƙanwata tana ƙarama, don haka ni na zame mata uwa, ni na tsaya har aka kai ta ɗakinta a can Fassi. Ina da wani hali da a lokacin ban ɗauke shi aibu ba: ba na son dangi su ga gazawata ko kaɗan. Maigidana kuwa direba ne, yana da tsohuwar akori-kura da yake ɗauko hatsi da ita daga ƙauyuka zuwa kasuwa. Mutum ne mai sanyin hali, in ka dage masa a kan abu sai ya bar maka don a zauna lafiya. Na san wannan halin nasa sarai.

Da kaka ana sauke kaya, buhun masara ya suɓuce ya faɗo masa a ƙafar dama. Mai ɗori ya duba ya ce ƙashi ya tsage, ya ɗaure ƙafar da kara da tsumma, ya gargaɗe shi kada ya taka ta da ƙarfi sai ya ba shi izini. Yana cikin wannan jinya ƙanwata ta haihu, haihuwar fari. Na haɗa kayan barka iya ƙarfina, da garin kunu da shinkafa da atamfa da kayan jariri, na kuma riga na faɗa wa dangin mijinta a waya cewa da motarmu za mu zo, har na yi wa wasu maƙwabtana mata alkawarin tafiya da su. Direban da muka sa ran zai tuƙa mana motar ya wuce Kano da kaya ana gobe suna. Maigida ya ce mu ɗauki adaidaita sahu, in kayan sun yi yawa a ƙara wata. Na ce ba zan shiga gidan surukan ƙanwata a takure kamar wadda ba ta da gata ba. Ya yi mini bayani a hankali cewa da ƙafar dama ake taka totur da birki, kuma shi ko buta ya ɗauka zai zaga sai ya dafa bango. Na ce ai Fassi ba nisa, ya tafi a hankali mana. Da na ga bai amsa ba, sai na faɗa masa maganar da har yau nake jin kunyarta, na ce da 'yar'uwarsa ce ta haihu da ko da rarrafe ya tashi. Na yini ina kumbure-kumbure, ko sannu ban yi masa ba.

Da safe ban ce masa komai ba, sai na gan shi zaune a bakin ƙofa yana sassauta ɗaurin don ƙafar ta shiga silifa. Na ga abin da yake yi, na wuce na ci gaba da fito da kaya. Ni na zauna a gaba, matan suka hau baya. Tun kafin mu fita daga Rano na lura duk sanda ya taka birki sai ya cije leɓe, gumi yana tsatstsafo masa a goshi alhali rana ba ta yi zafi ba. Sau ɗaya zuciyata ta ce in ce masa mu koma. Sai na tuna an riga an san muna hanya, na kawar da kaina ina kallon gonaki.

Mun wuce Kibiya kaɗan, a wata 'yar gangara, muka tarar da wani dattijo a kan keke ya ɗauro damin harawa a baya. Ya kauce wa rami, sai ya shigo tsakiyar hanya. Ba gudu muke yi ba, duk direban da ke da lafiyar ƙafa zai tsaya ba tare da wata wahala ba. Maigida ya danna birki da ƙarfi, na ji ya yi salati da wata irin murya da ban taɓa ji daga gare shi ba, ƙafar ta zame, motar ta ci gaba da gangarawa. Kafin ya ja birkin hannu mun riga mun bugi bayan keken. Dattijon ya faɗa kan bakin kwalbati, harawar ta watse a titi.

Mutane suka taru, wata mota ta ɗauki dattijon zuwa asibiti, inda aka ce ƙashin ƙugunsa ya karye. Da farko jama'a jaje suke yi mana, suna cewa tsautsayi ne. Amma da maigida ya kasa saukowa aka ciccibo shi, suka ga ɗori a ƙafarsa, sai fuskoki suka canza. A ofishin 'yan sanda jami'in da ya karɓi maganar ya ce lasisi ba ya wanke mutumin da ya san ba zai iya tsayar da mota ba kuma ya hau titi da ita, a wurin doka wannan tuƙin ganganci ne. Ni a da na ɗauka in dai mutum yana da takardunsa, ciwonsa ba ruwan kowa. Jami'in ya tambaye shi wa ya sa shi fitowa da ƙafa a haka. Ina tsaye a bayansa, ya ce, "Ni na ga kamar zan iya, ranka ya daɗe. Ba wanda ya sa ni." Ban buɗe bakina ba.

Manya suka shiga tsakani, dattijon ya ce ya yafe, aka kashe maganar. Sai dai bai sake hawa keke ba, bai sake riƙe fartanya ba, da sanda yake tafiya. Ƙafar maigida kuwa tsagewar ta zama karaya, ta warke a karkace, ya bar tuƙi ya koma awon hatsi a rumfar wani abokinsa. Bai taɓa yi mini gori ba, ko a cikin faɗa.

Bayan an sallamo dattijon na je gaishe shi a ƙauyensu. Ya karɓe ni da fara'a, ya tambayi jikin maigida, sannan ya ce, "'Yata, ki riƙa kula da shi. Mu maza taurin kai gare mu, ku ne masu hana mu irin wannan." Nan kuka ya ƙwace mini, na faɗa masa gaskiya, na ce Baba ni ce na tilasta shi. Sai ya ce yafiyar da ya yi ta haɗa da ni, amma in koma gida in nemi ta mijina. Na nema. Maigida ya ce shi ya riƙe sitiyari, don haka laifin namu ne mu biyu, mu roƙi Allah gafara tare.

Sun yafe mini, amma duk ranar da na ga maigida yana jan ƙafa zai tafi masallaci sai gabana ya faɗi. Abin da na koya shi ne, mai ciwo a ƙafa ba shi da hurumin riƙe mota, komai kusancin wurin, komai a hankali zai tafi, domin ba a sanin lokacin da za a buƙaci birki. Ina roƙon direbobi su jira har mai magani ya sallame su. Ina kuma roƙon 'yan'uwana mata da duk mai iko da zuciyar wani direba, in ya ce ba zai iya ba, ku yarda da shi. Ni ban yarda ba, kuma ko sunan ban samu halarta ba.