Waƙa ta uku a faifanmu

Ranar da faifanmu na farko ya fito, ban yi murna ba. Ni ce mai waƙa, mijina ne mai kaɗa jita, mu biyu rak, babu ganga babu 'yan amshi. Jaz muke yi, irin kiɗan nan da murya take yawo yadda ta ga dama, jita na biye da ita tana ba ta amsa. A Kano abokai sai kiran waya suke suna yi mana barka. Ni kuwa hankalina yana Falgore, wajen Inna mahaifiyata.

Inna ta san ina koyarwa a makaranta, ba ta san ina waƙa a gaban mutane ba. Wannan ma da sauƙi. Babbar damuwata ita ce waƙa ta uku a faifan, domin tata ce. Mu biyu ta haifa a cikinta na fari, 'yar'uwata ta koma tun kafin suna, saboda haka ni kaɗai na tashi a gabanta. In tana yi min kitso takan rera wata waƙa can ƙasa-ƙasa, rabi Fillanci rabi gunaguni. Ni Fillancina na gaisuwa ne kawai, sai na riƙe karin da 'yan kalmomi, na ɗauka waƙar reno ce. Ita na rera, mijina ya ɗora mata jita. Tsorona shi ne Inna ta ce na kai sirrinta kasuwa, ta ɗauke min kai. Inna ba ta faɗa. Shiru take yi, kuma shirunta yana iya shekara.

Muna cikin haka ƙanwar babana ta kira daga Karaye.

"'Yar nan, muryarki nake ji a shagon masu tura waƙa a waya, ko kunnena ne?"

Abin da ya shiga shagon nan da safe, kafin la'asar yana cikin wayar makiyayi a daji. Idan Inna za ta ji, gara ta ji daga hannuna. Na ce wa mijina ya tashi mota.

A hanya natsuwarsa ta yi ta ba ni haushi. Yana tuƙi yana bubbuga sitiyari da yatsa kamar biki za mu.

"Ki kwantar da hankalinki, Inna ba za ta cinye ki ba."

"Kai ai a zaure za ka zauna ana kawo maka fura. Ni ce zan shiga."

A Karaye muka tsaya sayen tsaraba, sai ga wani ɗan acaɓa ya wuce da muryata tana tashi daga aljihunsa. Na ja mayafi na rufe fuska kamar wadda ta yi sata. Da muka wuce Rogo na ce mu koma. Ya yi kamar bai ji ba.

Mun tarar da Inna a tsakar gida tana wanke ƙorai. Mijina ya durƙusa daga bayan zana ya gaishe ta, ya koma zaure, irin na surukai. Ni kuma, da yake 'yar fari ce, ba ta faɗin sunana, ba ta kallon fuskata. Muka gaisa: lafiya, gajiya, mutanen birni, shanu. Na ja gaisuwar har ta ƙare min.

"Inna, na yi wani abu. Waƙar renon nan da kike yi min, na rera ta, an sa a faifai. Mutane suna ji."

Ba ta ɗago ba. Na kunna wayar na ajiye a bakin tabarma. Muryata ta cika gidan, har kaji suka daina tono. Ina kallon hannunta a cikin ƙwarya, yana juyawa, yana juyawa, sai ya tsaya.

"Kashe."

Na kashe.

"Wa ya ce miki ta reno ce? Saniya ake yi wa. In ɗan maraƙinta ya mutu sai ta hana nono. A zauna a gefenta ana shafa ta ana rera mata, har ta saki."

Kunya ta rufe ni. Ashe waƙar shanu na tsaya ina rerawa, har da lumshe ido.

"To me ya sa kike yi min ita?"

Da ta yi magana, ƙwaryar take kallo.

"Ba ke nake yi wa ba. Da 'yar'uwarki ta koma, nonona ya ɗauke. Kina ta kuka, ba abin da zan ba ki. Kakarki ta zauna a bayana tana yi min ita, yadda take yi wa shanunta, har ya dawo. Daga nan bakina ya saba."

Tunda nake ban taɓa jin ta ambaci 'yar'uwata ba. Hawaye suka zubo min. Na ce zan sa a cire waƙar, alhali na san ta riga ta shiga wayoyin mutane, babu mai iya kwaso ta.

"Sake kunnawa," in ji ta.

Na kunna. Akwai inda nake yanke murya, jita ta ɗauka ta maimaita abin da na faɗa, sannan na dawo. A nan ta ɗaga hannu.

"Wace ce wannan mai amsa miki?"

"Jita ce, Inna. Shi ne yake kaɗawa."

Ta saurara har waƙar ta ƙare. Sannan ta ɗago ta dube ni sosai, abin da ba ta saba yi ba.

"A bar ta. Wancan lokacin ke kaɗai kike kuka, babu mai amsa miki."