Farfesun Likitan Ayilan

Duk wanda ya ce Madina ba ta sanyi bai taɓa yin hunturu a unguwar Harra ta Yamma ba. A shekarun saba'in, da an idar da magariba, kakarmu Hajiya Dije kan hura gawayi a tsakar gida, mu jikoki mu kewaye ta kamar 'yan tsaki. Ta yi mana Hausa, mu amsa da Larabci, sai ta harare mu ta ce, "Ji 'yan nema! A yi musu magana da bakin iyayensu, su ce wai tayyib."

Sauran yara Gizo suke so. Ni kuwa labarin farfesun Bature ne nawa, kuma sai na matsa mata ƙafa kafin ta yarda ta ba da shi.

Shekara bakwai suka yi ita da kakanmu a hanya daga Haɗeja, suna tafe suna aikatau, har suka iso bakin teku a Sudan. A can ta samu aikin girki a gidan wani likita mutumin ƙasar Ayilan, wanda ya yi alkawarin samar musu wuri a jirgin ruwan alhazai. In ya kore ta, hajjin shekarar ya wuce su ke nan.

Ranar wani bikinsu sai ya kira ta, ya ajiye mata naman shanu, dankalin Turawa, karas da albasa, da wata kwalbar giya baƙa ƙirin. Ya ce a soya naman, a juye kwalbar a kai, a bar shi a kan ƙaramar wuta har la'asar, don haka tsohuwarsa ke yi a ƙasarsu.

"Na ce a raina, Dije, kin shiga uku," in ji Kaka, tana dafe ƙirji. "Ɗakin Allah za ki, ki dafa giya da hannunki? In kin ƙi kuma, jirgi ya tafi ya bar ki."

Amma Kaka akwai hanci. Ta sha jin warin abin a kofinsa, ƙauri ne irin na hatsin da ya ƙone. Sai ta soya sha'ir a kasko har ya kusa yin baƙi, ta daka, ta jiƙa, ta tace ruwan a kan naman. Ta jefa dabino biyu da 'yar tsamiya, sannan ta kwance bakin zane ta ciro gutsuren daddawar da take ɓoyo. Kafin la'asar romo ya yi kauri, nama ya yi luguf.

Likita ya ci, ya ƙara, ya suɗe kwano da burodi, idonsa ya kawo ruwa. Ya ce rabonsa da wannan ɗanɗano tun a gaban tsohuwarsa. Nan ne Kaka ta koma madafi, ta riƙo kwalbar da tsumma, ta dire masa a kan tebur, ko murfinta ba a taɓa ba.

"Ya dubi kwalba, ya dube ni, ya dubi kwano," in ji Kaka. Can sai ya fashe da dariya har da tari, ya ce a nuna masa abin da ya ci. Da ya shinshina daddawa sai da ya ja da baya da kujerarsa. Nan muke faɗuwa da dariya kullum. Bayan mako biyu Kaka da kakanmu suna cikin jirgi.

Ina yarinya dabarar sha'ir ɗin ce ke burge ni. Sai da na girma na san daɗin yin shiru in an riga an yaba wa mutum, sannan na gane ba wajen tukunya jarumtar take ba. Har yau in na tuna sai in ji kewarta ta kama ni. Na taɓa tambayarta, lokacin ta tsufa tukuf, "Kaka, ai ya riga ya yaba. Me ya kai ki fito da kwalbar?"

Ta yi tsaki. "Ke ma dai! In zo in tsaya gaban Manzon Allah in yi masa sallama, alhali ƙarya ce ta sa ni a jirgi? Da wane ido?"