Ko Ɗaya Ba Ta Yi Mushe Ba

Gashin kaji na fara gani tun daga zaure. Saukata ke nan daga motar Ƙanƙara, da ƙullin kayan barka a ka, na zo gidanmu a Faskari ganin ƙanwata da ta yi haihuwar fari. Ina shiga tsakar gida na yi turus. Gashi ya rufe ƙasa har bakin rijiya, jini ya bi kwata, ga Inna, mahaifiyarmu, zaune gaban bahon ruwan zafi tana figa, hannunta jage-jage.

"Inna, biki ake ban sani ba? Ai suna da saura."

"Ke dai bari, ɗiyata. Ciwo ya faɗa masu. Amma Allah ya taimake ni, ko ɗaya ba ta yi mushe ba."

Da alfahari ta faɗa. Kajin nan tun da cikin ƙanwata ya fito take kiwonsu saboda farfesun jego. Washegarin haihuwa kawunmu na Sabuwa ya kawo wani ƙaton zakara na barka, daga kasuwa ya sayo shi, aka jefa shi akurki cikin sauran. Shi ya fara. Zankonsa ya yi baƙi, kai ya kumbura, majina na zuba. Inna ta jiƙa musu maɗaci da barkono, a banza. Kaza tana tsaye tana tsattsage, sai ta yi layi ta kife. Sai Inna ta tsayar da Baba da wuƙa, duk wadda ta fara gyangyaɗi ta cafko ta a yanka.

A wurin Inna abin tsoro ɗaya ne game da kaza: ta mutu ba a ambaci sunan Allah a wuyanta ba. In an yanka, magana ta ƙare.

Ni kuwa sai na tuna wani abu. A unguwarmu a Ƙanƙara, watannin baya, na ga yadda aka kwashe gidan kajin wani maƙwabcinmu kakaf. Masu aikin sun rufe hanci da baki, sun sa safar hannu, suka binne kajin a rami, ko yara ba su bari sun matso ba. Irin baƙin zankon nan na gani a ranar.

"Inna, wannan murar tsuntsaye ce. Tana kama mutum, kuma tana kisa."

Ta yi dariya har da tafa cinya. "Mura? Tun kahin a haihe ki nike hige kaza mai ciwo. Mi ya same ni? Ku 'yan zamani komi tsoro. Har maƙwabta na aika ma, kowa ya sa albarka."

Har maƙwabta! Ana cikin haka jaririn ya tsala kuka daga ɗakin mai jego. Inna ta miƙe, ta ɗauraye hannu a cikin ruwan figar nan, ta goge da gefen zanenta.

"Ga ni nan, angona, ga ni nan tahe."

Ban san lokacin da na yar da ƙullin kaina na tare ƙofar ba. Na buɗe hannuwa biyu na ce wallahi ba za ta shiga ba. Tunda aka haife ni ban taɓa ɗaga wa Inna murya ba sai ranar, kuma har maƙwabta sun ji. Ta tsaya tana kallona kamar ba ta san ni ba.

"Ni za ki hana ɗaukar jikana? A gidana?"

Baba ne ya raba mu. Ya ce a kira malamin dabbobi, in ƙarya nake a ba ni rashin gaskiya gaban kowa. Mutumin ya zo ya duba ragowar kajin, bai ɓata lokaci ba ya sa aka haƙa rami a bayan gida. Ya ce naman da ya dahu sosai ba shi ne babban abin tsoro ba, wanda ya yanka da wanda ya fige su ne abin ji. Duk wanda ya ji masassara a cikinsu, ya garzaya asibiti. Inna ta yi wanka da sabulu don dole, amma ta daina yi mini magana, ko gaisuwata a ciki take amsawa.

Suna saura kwana biyu ta tashi da masassara da tari. Da na taɓa goshinta na ji zafi rau, muka kai ta asibiti. A asibiti suka ɗebi majinarta za su aika gwaji, suka ce kada ta kusanci jariri ko mai jego sai sakamako ya dawo.

Ranar suna gida ya cika. Inna, wadda ta yi watanni tana tanadin wannan rana, tana zaune can bakin ɗakinta ita kaɗai da takunkumi a fuska, kwanonta daban, butarta daban. Yaron na ta yawo hannu zuwa hannu. Ba ta yi ƙorafi ba. Sau ɗaya kawai ta ɗaga murya ta ce, "Ku ɗaga mani angon nawa in gani." Na ɗaga shi daga tsakar gida, hawaye na zubo mini.

Bayan suna sakamako ya zo. Ba murar tsuntsaye ba ce, zazzaɓin cizon sauro ne ya haɗu da sanyi. Na yi hamdala, na sunkuci yaron na nufi ɗakinta da murna, ina jiran ta ce ai ta faɗa mini.

Ba ta ce ba. Tana ganina da shi ta cusa hannuwanta ƙarƙashin mayafi.

"Kin tabbata? Ki sake tambayo su."

"Inna, sun ce lafiyarki lau."

Ta daɗe tana kallon yaron. "Da hannun ga na tashi ɗaukar shi ran nan," ta ce a hankali. "Da jinin a jiki."

Na ce ta karɓe shi, ta girgiza kai. Sai na durƙusa na kwantar mata da shi a cinya. Ta sunkuya tana kiransa angona, angona, hannuwanta na nan cikin mayafi.