Ƙullin da Amaryata Ta Zo da Shi

Ranar da aka kawo mini amarya a unguwar Jarwal da ke kusa da Ka'aba, shekarun da ake faɗaɗa Harami, na lura da wani ƙulli a bakin zanenta. Karatuna bai wuce izu biyu ba, amma na san abin tsoro idan na gan shi. Amaren unguwarmu kan zo da turaren wuta da 'yar kwalbar zamzam don albarka, tawa kuwa abinta ƙarƙashin matashi take ɓoye shi.

Kwana uku ina shinshina tuwonta kafin in ci, don na tabbata mallaka aka shirya mini. Na kai kuka wurin yayana a unguwar Rusaifa, ya ce, "Kai, wa zai ɓata asiri a kanka? Ko akuya ba ka da ita."

Da ta shiga wanka da hantsi, na yi bisimilla na kwance ƙullin. Guntun fatar takalmi ne, ya sha ƙasa har ya yi baƙi. Ta fito ta same ni riƙe da shi.

"Malam, bincike ake yi?"

"Wannan na wane boka ne?"

"Na Baba ne. Da shi ya tako daga Sakkwato har ya ga Ka'aba. Inna ta yanka mana, kowace amarya guntu ɗaya."

Na ce tayyib, wato to shi ke nan, na mayar mata, amma ban janye zargina ba. Shekara hamsin ke nan ban taɓa cin gardama a gidan nan ba, kuma har yau babu wanda ya yi mini gamsasshen bayani.