Yaya Isuhu da shamuwar tsamiyarmu

Shekara tara ke nan da rasuwar yayana Isuhu, mai ɗaukar hoto a Tawa. Allah ya jiƙan shi. Ban yi niyyar rubutu bana ba, sai da ƙanenmu Hamidu ya aiko cewa zai sare tsamiyar gidanmu na Barmu, wadda shamuwa ke sheƙa a kanta, ya gina ɗaki a wurin. Wai kashin tsuntsaye ma ya ishe shi.

Hoton biki da na suna ke ciyar da Yaya, amma ransa na ga tsuntsaye. Da bazara ta kama sai ya rufe shago, ya hau babur zuwa Barmu, ya zauna gindin katanga yana jiran shamuwa. Manoma na jiranta don zuwanta alamar ruwa ya kusa, shi kuwa kallonta kawai yake so. Maƙwabta kan sa manyan riguna su jeru gabansa, ya ce, "Ku gusa kaɗan, kun tare mini baƙuwa." Kai, an ji haushinsa! Innarmu ma, wadda ba ta taɓa yarda a ɗauke ta ba, takan ce, "Isuhu, mi tsuntsu za ya yi da hoto?"

Yau kowa da waya a hannu, ana ta ɗauka ba a tsayawa a kalla. Da yana nan, ban sani ba ko dariya zai yi ko tsaki. Na fi zaton tsaki.

Na kwashi hotunansa na tafi Barmu da shirin faɗa, don ni ba ni da haƙurin Yaya. Hamidu ya karɓa yana juyawa ba da so ba, sai ya tsaya kan guda. Shamuwa ce a sama, amma can ƙasa, a gefe, ga marigayiya Inna a inuwar tsamiyar tana shiƙar gero, ba ta san ana ɗauka ba. Wallahi ni ma ban taɓa lura ba.

Ya ɗago ya dube ni. Sannan ya ce, "Yaya, ɗakin ga dole ne, iyali sun yi yawa. Amma sai in ja shi bayan rumbu."

Isuhu bai bar gida ba, bai bar ɗa ba. Ya bar mana fuskar uwarmu, kuma saboda shi tsamiya na nan tsaye. Ina kewarsa ƙwarai. Hoton kuwa yana hannun Hamidu, ya ƙi ba ni.