Yayana Mai Keke da Kiɗan Daidaita Duniya

Ku da kuke toshe kunne da waya kuna ta gyaɗa kai, ai ba ku san kiɗa mai aiki ba. Yayana, wanda nake bi, shi kiɗansa duniya yake riƙewa. Ke, daina dariya. Haka ya ce, kuma har ya koma ga Allah bai janye ba.

Gyaran keke yake yi, a wani ɗan shago jikin gidansa, ko'ina baƙin mai da tsofaffin tayoyi. A bakin ƙofa ya rataye wata ƙafar keke, ba taya, ƙarfen ne kawai da wayoyin nan nata. Kowace waya da ɗaurin da ya yi mata, wata tamau, wata sako-sako, in ka taɓa kowacce da irin kukanta. Kullum da safe, kafin ya duba keken kowa, sai ya ɗau 'yar sifana ya bi wayoyin nan, tin, tin, tan, tilin. Sunan kiɗan Daidaita. Wurin maigidansa da ya koya masa aiki ya gaje shi. Wai duniya ma ƙafar keke ce, tana juyawa tana karkacewa, kiɗan nan ke mai da ita saiti.

In an ce masa, "Haba Mai Keke, ba Allah ke riƙe da duniya ba?" sai ya ce, "Shi ne mana. Ni ɗan aikin da aka ba ni nake yi."

Sau ɗaya ya taɓa fashi, zazzaɓi ya kayar da shi. Ranar kuwa iska ta zo ta kwashe rufin layinmu kaf, har da na shagonsa. To daga nan wa ya isa ya gaya masa? Ko biki ne ko rasuwa, in dai da kwana, cire shi a lissafi.

Ana nan tsufa ya zo, ciki ya sa shi gaba. Likita ya ce sai an yi aiki, a babban asibiti can nesa, kuma in aka yi jinkiri abin zai fi ƙarfin kowa. Yaya ya ce ba inda za shi. Mutum yana ramewa kamar tsinke, yana dafa bango ya fito ya yi tin-tin ɗinsa.

Na ce, "Yaya, mu kwance ƙafar mu tafi da ita mana."

Ya ce, "Ke dai tun kina yarinya ba ki da kai. A cire ƙusa a tafi da ita, kuma a ce tana riƙe da ƙofa?"

Matarsa kuwa, duk zamansu tsiya take masa a kan kiɗan nan. Ƙararrawar shayi take ce wa kiɗan, don da ta ji shi take ɗora ruwa. Rannan tana wanke-wanke tana jin mu, sai ta goge hannu a zani ta fito.

"Maigida, miƙo sifanar nan."

"Ke? Ke da kike cewa ina damun kaji?"

"Tun ina da haƙora duka kake cika min kunne da shi. Ko a barci aka tashe ni zan buga. Miƙo."

Wallahi ta buga shi tun daga farko har ƙarshe, tana yi tana harararsa. Shi kuma ya lumshe ido ya karkata kai kamar mai sauraron inji. Da ta gama sai ya ce, "Kin yi sauri."

Ta ce, "Za ka shiga mota, ko in sake buga shi a kanka?"

Sai da ya sa ta rantse kullum da safe, kafin shayi ba bayan shayi ba, sannan ya yarda aka ɗauko jakarsa. Ni na raka shi. Duk ramin da mota ta faɗa sai ya kalle ni, ni kuma in kalli taga.

Aka yi aiki lafiya. Yana buɗe ido, ko ruwa bai nema ba, ya ce, "Ta buga?"

Na ce, "Ga taga nan, duba da kanka. Ga duniya tana nan."

Ya ɗaga kai da ƙyar, allurar barci ba ta gama sakinsa ba. Ya ƙura wa waje ido, ya ce, "Layi take yi. Sai da na gaya wa matar nan sauri take yi!"

Nas ta yi dariya har ta dafa gado. Shi kuwa ko a jikinsa. Magani ko wane iri aka kawo, haɗiye shi yake ba musu, duk ɗakin nan shi ya riga kowa miƙewa, wai yana da gyara a gida. Ya koma da ƙafarsa, ya karɓe sifanarsa, ya yi ta buga abinsa har ya ga 'ya'yan jikokinsa.